Ƙwaryar Baffa ba ta riƙe ruwa

Jiya maƙwabciyata ta manta ludayin duma a bakin murhu. Ƙaurinsa na shigo mini ɗaki, sai ga ni a zangon Sokode, ɗan lakwal, wato makarantar boko, mai gajeren wando.

Zanen ƙwarya muka gada. Bayan damina, in an fafe duma, tsakar gidanmu ba ka jin komai sai ɗaci da hayaƙin ƙarfen zane. Dokar kakanmu guda ce: ƙwarya ta riƙe ruwa tukuna, sannan a yi mata ado.

Baffana, ƙanen babanmu, ya fi kowa hannu, kuma hannun ne ya ja mana. Wata shekara ya kwashi lafiyayyun ƙore, ya huda wasu, ya fasa wasu da gangan, ya ɗinke da wayar keke, ɗinkin a waje kowa na gani. Ya ɗora su kan juna har suka kusa kai ni tsawo.

"Me za a zuba a ciki?" in ji Kaka.

"Ba zubawa ake ba, Baba. Kallo ake."

Kaka ya yanke hukunci: a kai kasuwa. In mutum ɗaya ya taya, Baffa na nan kan tabarmar gado. In babu, ya nemi wata.

Ka san wa aka ɗora wa kayan? Ni, malamin gidan, mai aji uku cur. Iska na bi ta hudojin tana fito a kaina, 'yan ajinmu na biye. Wata mai sayar da doya ta ce, "Jikan masu ƙore, ɓera ne ya shiga gidanku ko aljani?" Na so ƙasa ta tsage. Har la'asar ba wanda ya taya.

Baffa ya naɗe ƙarafansa ya hau motar Dapango. Mu kuwa duk mai tambaya, sai mu ce fataucin gyaɗa ya tafi.

Yau roba ta cinye sana'ar Kaka. Ni ma a Dapango na tsufa, Baffa ya riga mu gidan gaskiya, ƙorensa na rataye a wani zauren nuni. Ɗalibai kan zo bisa babur su tambaye ni ma'anarsu. Sai in gyara hula, in yi gyaran murya, in ce abin da zurfi. Su rubuta.

Kwanan baya wata yarinya ta ce, "Baba, lallai gidanku kun yi alfahari da shi."

Na ce mata shayina zai huce.