Hannun Da Ƙanwata Ta Duba

Shekaru sun shuɗe, amma safiyar Asabar ɗin da ƙanwata ta fita da babur daga gidanmu na Gyaɗi-Gyaɗi ba za ta taɓa gogewa daga raina ba.

Shekara huɗu ta yi tana karatu a Indonesiya, ta dawo da ɗabi'un matasan can. Kofi mai ƙanƙara da madara ya maye mata gurbin kunu. Kayan gwanjo take sawa da alfahari, wai can shi ne yayi. Kullum labarinta na shagunan kofi ne, inda samari da 'yan mata ke zaman hira tun la'asar, kowa da wayarsa yana ɗaukar bidiyo. Amma abin da ya fi kama ranta shi ne ƙaramin babur irin roba-roba, wanda 'yan matan can ke tuƙawa da hijabinsu da hular kwano, ba mai waiwayarsu.

Da ta nemi izinin hawa, Baba ya ƙi. "Nan Kano ce," in ji shi.

"Baba, can ma Musulmi ne fa. Har malamarmu ta hadda a kan babur take zuwa."

"To ki koma wajen malamar taku."

Mako biyu ana jayayya a gidan, kan mutunci da abin da 'yan unguwa za su ce. Ni na tsaya mata. Na ce wadda ta yi shekaru tana tuƙi a cunkoson da ya fi namu ba za ta kasa a nan ba. Baba ya yarda, bisa sharaɗin in bi ta a mota ranar farko.

Tarauni za mu je, ta duba wani shago da take son buɗe wurin shan kofi. Na gwada birki, na duba taya. Ta ɗaure hular tana dariya. "Yaya, in ka kasa kamo ni, ka same ni a can."

A bakin layinmu ta tsaya cak, yadda ya kamata. Ina bayanta, na ga ta juya kai dama, ta duba sosai, sannan ta shiga titi. Motar kaya ta taho daga hagu. Na danna oda, amma ƙarar karon ta riga ni.

Likitoci sun yi iya ƙoƙarinsu, amma ƙafarta ta hagu ba ta tsira ba. Da ta farfaɗo ta kama hannuna ta ce, "Yaya, na duba fa. Wallahi na duba."

Gaskiya ta faɗa. A Indonesiya ta hannun hagu ake tuƙi, don haka motar da ke kusa da kai daga dama take fitowa. A nan kuwa daga hagu ne. Wuyanta ya yi abin da ya saba ne.

Baba bai taɓa ɗora mini laifi ba, ko da kallo. Hakan ya fi mini ciwo.

Daga ranar na gane cewa in mutum ya zo da sabon abu daga wata ƙasa, mukan ƙare ƙarfinmu kan ko ya dace da mu. Ƙaramar tambaya ta yadda ake yin sa a can da yadda ake yi a nan, ita muke mantawa. Ni na ci gardamar, kuma ban yi mata wannan tambayar ba.