Fasau da Telan da Ya Nemi 'Yarsa

Godiya ta tabbata ga Allah wanda ya shimfiɗa ƙasa, ya kafe ta da duwatsu, ya sanar da ɗan Adam yadda zai ɗora gini a bayanta. Tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, wannan taƙaitaccen labari ne na maƙwabcinmu, marigayi Fasau, wanda muka yi zaman katanga ɗaya da shi tun gemunmu yana baƙi har ya yi fari. Mutum ne mai salla a kan lokaci, mai tsare harshensa daga ƙarya, kuma ban taɓa jin ya ci haƙƙin kowa ba. Aibinsa guda ne, shi ma daga wurin aiki ya kwaso shi.

Aikinsa a ɗakin gwajin kayan gini ne. Idan za a yi babban gini, 'yan kwangila sukan ɗebi kaɗan daga kankaren da suka kwaɓa, su zuba a ɗan akwatin ƙarfe, ya daskare ya zama dunƙule mai kusurwa huɗu. Sai a kawo wa Fasau, ya jiƙa shi a tankin ruwa har ya ƙosa, sannan ya sa shi tsakanin farantai biyu na injin matsa. Injin ya riƙa danna shi sannu a hankali, allurar agogon injin tana hawa, har dunƙulen ya tsage. Inda allurar ta tsaya, nan ne ƙarfinsa. Ƙasa kuma yakan cusa ta a wani akwati mai rabi biyu, ya ɗora mata nauyi daga sama, ya riƙa tura rabin akwatin ta gefe har ƙasar ta zame. Daga wannan sana'a sunan Fasau ya bi shi, kuma yana amsawa da fara'a.

Da ya bar aikin a inda ya same shi, da babu abin rubutawa. Amma sai ya mayar da shi mazhaba. A wurinsa, duk abin da bai ga iyakarsa ba, majahuli ne, wato ba a san halinsa ba, ba a yi masa shaida. Ya taɓa sayen kujera, ya zauna, ya kira ƙaninsa ya hau cinyarsa, ya ce a miƙo buhun shinkafa. Da ƙafar kujerar ta karye, sai ya tashi yana kakkaɓe riga, ya ce, “Kafintan nan mutumin kirki ne.” Mai ɗakinsa ta kai ga ɓoye sababbin kwanuka a gidanmu.

Allah ya ba shi 'ya'ya maza, sai mace ɗaya, Auta. Da ta isa aure, wani tela da ke da shago a bakin titinmu ya fito nemanta, ita ma tana sonsa, so na fili wanda har uwarta ta daina yi mata tsiya a kai. Saurayi ne mai kunya, maraya ta wajen uwa. Kowa ya ce a ba shi. Fasau ya ce bai ƙi ba, amma bai san ƙarfinsa ba tukuna.

Ya fara da ƙaramin nauyi. Ya kai masa yadi a ɗinka riga. Da aka kawo, ya ce hannun ya yi tsawo. Aka rage, ya ce ya ɗage. Aka ƙara, ya ce wuyan yana shaƙe shi. Tela ya farke ya ɗinka, ya farke ya ɗinka, har yadin ya fara yin gashi, kullum amsarsa ita ce, “To, Baba, za a gyara.” Sannan Fasau ya ƙara nauyi: ya ce tela ya zo gaisuwa da hantsi, ya bar shi a kan benci a rana, shi kuwa yana ciki yana leƙensa ta taga kamar yadda yake leƙen allurar inji.

Bayan haka ya ce ya gwada danni, saura turi ta gefe, domin akwai mutumin da ke jure nauyi amma ya zame idan an ture shi. Ya tura ƙaninsa ya je shagon ya yi wa tela tayin 'yar wani mai hali. Tela ya ce ya gode, ya ci gaba da taka kekensa.

Mai ɗakin Fasau ta aiko a kira ni. Na same su a tsakar gida, ita tana tsintar shinkafa, shi yana goge tabarau.

Ta ce, “Malam, ka yi masa magana. Yarinyar nan ta daina cin abinci. Yaro ya yi haƙurin da ko ni ban yi da shi ba.”

Fasau ya ce, “Ke ai tun shekarar farko na san iyakarki.”

Ta ce, “Ka sani mana, tunda har yau tabon ludayin yana goshinka.”

Na ce masa, “Ɗan'uwa, jarraba bayi aikin Ubangijinsu ne, kuma shi ya san abin da ya halitta tun kafin ya jarraba. Mu an umurce mu da kyautata zato da yin bincike gwargwado. Ka bincika, ka ga alheri. Me ya rage?”

Ya ce, “Malam, kai ka san littafi, ni na san kankare. Dunƙulen da bai tsage ba, ba shi da lamba. Idan na cire shi daga inji yanzu, me zan ce ƙarfinsa? Auta ce fa za ta zauna ƙarƙashin rufin nan.”

A nan na gane cewa ba mugunta ce ke tura shi ba, tsoro ne, kuma tsoron uba ya fi mugunta wuyar magani.

Ranar da abin ya faru muna zaune a ƙofar gidansa bayan la'asar, tare da wasu dattawa. Tela ya kawo rigar nan da ta sha wuya, ya durƙusa ya miƙa. Fasau ya juya ta, bai sami abin kushewa ba. Sai ya ce, da murya yadda kowa zai ji, “Ɗinkin ya yi. Tarbiyya ce ban sani ba. An ce mahaifiyarka ba ta iya riƙon gida ba.”

Wallahi bai taɓa jin haka daga bakin kowa ba. Wannan ce ƙarya ɗaya da na sani a rayuwarsa, kuma ya ɗauke ta kayan aiki ne kawai.

Tela ya miƙe tsaye, abin da bai taɓa yi a gabansa ba. Ya ce, “Baba, abin da ya shafe ni na ɗauka, kuma da ka ƙara zan ɗauka. Ita kuwa tana kabarinta, ba ta ci maka komai ba. Allah ya ba Auta wanda ya fi ni.” Ya sa takalmansa ya tafi, bai waiwaya ba.

Muka bi shi da kallo. Na dubi Fasau, sai na ga fuskarsa tana haske kamar wanda aka yi wa bushara.

Ya ce, “Alhamdu lillahi. Kun ga yadda ya tsage? Babu zagi, babu watsewa, tsaga ɗaya miƙaƙƙiya. Rubabben kankare gari yake zama. Wannan na farko ne a daraja. Na ba shi.”

Daga bayan ƙofa muka ji mai ɗakinsa ta ce, “Ka ba wa? Wanda ka fasa ɗin za ka sa a gini?”

Tambayar ta tsaya masa, domin haƙiƙa a duk shekarunsa na aiki, abin da ya fasa bola ake kai shi. Ya sunkuyar da kai yana lissafi, can ya ɗago ya ce, “Ba yana da ƙane ba? Ai kwaɓinsu ɗaya. Idan wan ya ci gwaji, an yarda da ƙanen.”

Auta ce ta ba shi amsa, karo na farko da na ji muryarta ta wuce labule. Ta ce, “Baba, ni ba gada ba ce da za a zuba mini kowane kankare. Wanda ka kora nake so.” Kuka ya ci ƙarfinta.

Washegari Fasau ya sa rigar nan, ya roƙe ni in raka shi shagon. Tela ya amsa sallama, ya nuna mana benci, ya ci gaba da ɗinki. Muka zauna har inuwa ta juya. Fasau ya raɗa mini, “Malam, gwada ni yake yi?” Na ce, “A'a, aiki ne ya yi masa yawa. Wani ya cinye masa makonni da riga ɗaya.”

Da keken ya tsaya, dattijon nan ya sauko daga benci ya durƙusa a kan ƙyallayen da ke ƙasa. Ya ce ƙarya ya yi wa baiwar Allah mahaifiyar tela, ya nemi gafara, ya yi mata addu'a da sunanta. Tela ya kama hannunsa ya tashe shi, ya ce ya yafe.

An ɗaura auren, kuma Allah ya sa masa albarka da zuriya. Sai dai abin da ya tsage bai koma kamar da ba. Tela bai taɓa yanke gaisuwa ba, bai taɓa barin gidan da yunwa ko rashin sutura ba, amma daga bakin ƙofa yake gaisuwa, bai sake zama a gaban Fasau ba. Wannan ya dami marigayin har ƙarshen ransa. Da ciwon ajali ya kwantar da shi, tela ne ya riƙa ɗaukarsa zuwa asibiti, kuma a ranar da Fasau zai cika ne tela ya shiga ɗakin ya zauna a gefen gadon.

Allah ya jiƙan Fasau, ya yafe masa kurakuransa, ya sauƙaƙa masa hisabi, ya yalwata kabarinsa, ya haɗa mu da shi a gidan rahama. Amin.