Jinjinar da na yi wa tsohon Bajamushe

Jiya na ga Jamusawa 'yan kallon ƙwallon duniya, sai na tuna wautar da na tafka lokacin korona.

Akwai wani tsohon Bajamushe a benenmu na unguwar Bin Mahmud, nan ƙasar Larabawan da ake buga ƙwallon, yana zaune wurin 'yarsa. Kullum ƙamshin kofi yake, kamar da shi yake wanka. Da aka hana musabaha, sai na ɗaga hannun dama sama, na yi masa jinjina: "Ranka ya daɗe!"

Fuskarsa ta yi fari fat. "Sauke hannun nan, ɗana."

"Baba, haka fa muke gaida manya."

"Na gane. Mu kuma haka aka riƙa ɗaga wa shugabanmu hannu lokacin yaƙin duniya na biyu, ana kwashe maƙwabtanmu Yahudawa. Ubana ya ɗaga, ba wanda ya tilasta shi. Ni ko tasi ba na tsayarwa da hannun nan."

Na ɗauka ba zai sake kula ni ba. Washegari shi ya fara dafa ƙirji ya gaishe ni, haka muka ci gaba.

Korona ta ɗauke shi kafin a buɗe makarantu. Ban yi kuka ba, har yau ban san me nake ji ba. Allah ya ba 'yarsa haƙuri. Ita kaɗai aka bari ta raka gawarsa.