Ranar da Jirgin Fito Ya Karkace

Idan damina ta yi nisa, gulbi yakan zagaye ƙauyenmu na ƙasar Shinkafi, mu koma kamar tsibiri. Babban kwale-kwale guda ke fito da mutane, har da babura.

Shekarar da aka ƙaddamar da Shari'a, dattawa suka ce maza su riƙa zama gefe guda a cikin jirgin, mata gefe guda. Wata safiya na shiga da tsohon ciki, maigidana zai kai ni asibiti. Maza da baburansu suka cika dama, mu mata ƙalilan muna hagu. Muna kaiwa tsakiyar gulbi jirgin ya karkace, ruwa ya fara kwararowa ta gefensu. Kowa ya gani, amma ba namijin da ya yarda ya fara tsallakowa wajen mata. Sai salati suke yi. Na dafe cikina.

Tsohon da ke tuƙi ya daka wa maigidana tsawa: "Malam, wannan ba iyalinka ba ce? Koma kusa da ita!"

Ya rarrafo ya zauna, jirgin ya ɗan daidaita. Na riƙe bakin rigarsa, na ce masa a hankali, "Maigida, sai da aka ba ka izini?"