Lado Maƙerin Taurari

Lado maƙerin farin ƙarfe ne a unguwarmu ta Gwadabawa, cikin Jimeta. Kakansa ya biyo fatake daga ƙasar Kano, ya zauna bakin Binuwai yana liƙin butoci. Shi Lado aci-balbal yake yi da gwangwanin madara, da mazurari, da ludayin awon mai. Siriri ne, ba ya zama majalisa, gaisuwarsa gajeruwa. Wannan kaɗai ya isa a riƙa yi masa kallon gefen ido.

A shekarar 'yancin kai mahaifiyarsa, Dada Kaltume, ta sami shanyewar ɓarin jiki. Ita kuwa da taurari ta saba sanin lokacin shuka da saukar ruwan kogi. Da ta kasa fita tsakar gida, kullum tambayarta ɗaya ce.

"Lado, Kaza ta fito da 'ya'yanta?"

In ya kwatanta mata, sai ta ce bai iya kallo ba. Rannan ya ɗauki tsohon kwano, ya hudhuda shi da basilla da ƙusa, wata huda babba, wata kamar ƙwayar gero. Ya kifa shi kan duwatsu uku bisa ƙaramar fitila, haske ya watsu ɗige-ɗige a rufin ɗakinta. Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce, "Ka matso da Kaza gabas da yawa." Sau tara yana sakewa kafin ta yarda.

Da yake sama tana juyawa, sai ya yi wa kowane wata kwanonsa. Don kada ya yi kuskure ya ƙulla abota da Zadok, wani ɗan ƙabilar Bacama mai fito da kwalekwale, wanda ya san taurari fiye da kowa a bakin ruwa. Zadok ya nuna, Lado ya ɗiga a takardar buhun siminti.

Dada ta rasu bayan shekara uku, amma bai daina ba. Masu majinyaci a kwance suka fara aikowa a ɓoye a yi musu, su ɗin kuma su ne masu yaɗa cewa in ya toshe huda ɗaya da dalma, wani zai mutu. Modibbo Garbai, malamin allo ɗan Borno, ya aika aka kira shi.

"Duba kake yi wa mutane?"

"Allah ya gafarta Malam, huda kawai nake yi."

Modibbo bai gamsu ba. Ya hana iyalinsa sayen ko mazurari a wurinsa.

Sai yaƙin basasa ya zo, aka ce a rage haske don tsoron jirgin sama. Magana ta fara yawo a kasuwa: hasken gidan Lado sama yake kallo, yana da takardu masu ɗige-ɗige, ga mai kwalekwale yana shige da fice. Wata safiya wani saje ya zo da sojoji biyu. Bai yi bincike ba, kai tsaye ya nufi tsohuwar randa a bayan maƙera, ya zaro takardun.

"Taswirar ina ce wannan?"

"Ta sama ce, ranka ya daɗe."

"Ai ta sama jirgi yake zuwa," in ji saje.

Suka tafi da Lado da kwanukansa, ya yi kwana goma sha ɗaya a tsare. Matarsa Huseina ta rasa wurin zuwa, ta je ta durƙusa a zauren Modibbo Garbai. Ya bar ta tana kuka har azahar, sannan ya ɗauki sandarsa. A can inda ake tsare da Lado ya sa aka rufe ɗaki da rana, aka kunna fitila a ƙarƙashin kwano ɗaya. Ya ɗaga kai yana kiran sunayen taurari da Larabci, ɗaya bayan ɗaya.

"Wannan saman farkon kaka ne," ya ce wa saje. "Ba na son aikin mutumin nan, har gobe. Amma ba garinku ya zana ba."

Aka sake shi. Kwanukan sha biyu aka mayar masa a lanƙwashe, takardun kuwa an ƙone.

Daga nan Lado ne ya koma zargin mutane. Wa ya san randar? Ya zauna yana lissafa duk wanda ya taɓa shiga bayan maƙera. Ya daina amsa gaisuwar Hamman tela, maƙwabcinsa na shekara ashirin. Zadok ya zo masa jaje da kifi, Lado ya karɓa a bakin ƙofa bai ce ya shigo ba. Zadok ya sake zuwa sau biyu, sannan ya daina.

Bayan yaƙi Lado ya tashi ya koma gefen unguwar Karewa, ya ja katanga mai tsawo. Yana kai aci-balbal kasuwa ya dawo. Ya sake huda kwanuka, amma bai ƙara nuna wa kowa ba. Ya rasu ana saura shekara ɗaya a raba Jihar Arewa maso Gabas. Hamman na cikin waɗanda suka ɗauki makara.

Sai da Huseina ta tsufa ta gaya mini sauran. Ita ce ta faɗi zancen randar, a bakin famfo, ranar da mata suka dame ta da cewa mijinta boka ne. Ta ce musu aikin ilimi ne, in ba su yarda ba takardu na nan cike da randa. Ba ta san wadda ta kai maganar gaba ba.

"Me ya hana ki gaya masa, Goggo?" na tambaye ta.

"Kullum sai in ce gobe. Ka ga yadda yake kallon mutane. Ban so ya kalle ni haka ba."

Ta ce bayan ta gama takaba ta je bakin ruwa neman Zadok, don ko shi ya ji gaskiya. Masu fito suka ce ya daɗe da komawa Numan.