Akushin Ƙanwata

A hutun da na dawo daga Midil ta Kano, ruwa ya cika fadamar Auyo, shinkafa ta fara nuna. Aka tura ni da ƙanwata korar tsuntsayen jan-baki. Ni ban iya ihu ba, saboda haka ita ke kaɗa gwangwani, ni kuma ina kan rumfa ina karanta littafin da Baturen makarantarmu ya ba mu don jarrabawa. Ta matsa sai na gaya mata abin da ke ciki, na riƙa juya mata shi da Hausa.

Labarin wasu yara ne masu jifan wani tsoho gurgu, har ranar da suka leƙa ɗakinsa suka ga shi kaɗai yake cin abinci, yana hira da bango. Daga ranar suka daina. Ni kalmomi masu wuya suka dame ni, ina ja musu layi. Ita kuwa ta manta da gwangwanin, tsuntsaye suka sauka abinsu.

A bakin garinmu akwai wata kuturwa. In Inna ta aika mata tuwo, daga tsaye ake juye shi a ƙoƙonta, a juyo. Washegari aka aiki ƙanwata, ta daɗe, aka ce in bi sawu. Na same ta zaune a tabarmar matar, tana gutsuro mata loma saboda yatsun ba sa kamawa, ita ma tana ci daga ƙoƙon. Daga nesa na kira ta, muka juyo.

Labari ya riga mu isa gida. Inna ta dirje wa ƙanwata hannu da toka har ya yi ja. Baba ya tambaye ni ko littafin da na karanta mata ne ya ce a yi haka. Na buɗe, na duba layi-layi, na ce ban ga wurin ba. Ya yanke cewa ba za ta ƙara sa hannu a akushinmu ba sai an ga abin da fatarta za ta yi. Aka ware mata nata.

Na zaci kuka za ta yi. Ta dubi akushin, ta dubi Inna.

"To Inna, tunda ni ma ni kaɗai zan ci, in kai can mu ci tare?"

Ta ɗauka ta nufi ƙofa. Inna ta tare ta a zaure, na runtse ido ina jiran ƙarar mari. Da na buɗe, miya take ƙara mata da ludayi.