Gyaran Muryar Baba Akta

Shekara goma sha shida ke nan da rasuwar maigidana, kuma bana ce karo na farko da na zauna gaban talabijin na kasa gane fuskarsa. Ni ban yi makaranta ba. Maƙwabciyata Laraba ce ke rubuta wannan, ni ina faɗa. Na roƙe ta kada ta gyara mini magana, in kuma kuka ya zo ta jira ni.

Sunansa ba zan faɗa ba, don a gidanmu mace ba ta kiran sunan mijinta. Su ma masu fim ɗin da ya yi wa aiki ba su cika rubuta shi ba. A benenmu na unguwar Parkchester, Baba Akta ake ce masa. Baƙar fata ne haifaffen ƙasar nan ta Amurka, ya yi fim tun zamanin da hoto bai da launi.

Na zo New York daga Wusasa ina bazawara, na kama aikin kula da tsofaffi a gidajensu. Aka tura ni wurinsa bayan an yi masa aiki a ƙugu. Turancina guntu ne, shi kuma Hausarsa ba ta wuce sannu ba, amma miyar kuka ta yi mana tafinta. Da ya warke aikina ya ƙare, sai ga shi ran Lahadi a cocinmu na unguwar Tremont, da kwat da malafa. Matan zumunta suka sa ni gaba. "Talatu, miji kika samo ko kayan tarihi?" Na ce su bar ni da tsohona. Shekara goma sha ɗaya muka yi, bai taɓa ɗaga mini murya ba.

Yana da kwali cike da kaset. In ya sa ɗaya sai ya ce, "Kada ki ƙifta ido, yanzu zan wuce." Haka kuwa ake yi. Shi ne mai buɗe ƙofar otel, shi ne mai ɗaukar akwati a jirgin ƙasa, shi ne mai kawo shayi a faranti ya fita. Duk finafinan nan ban taɓa ganinsa a zaune ba. Sau ɗaya aka ba shi magana mai tsawo. Ya yi kwanaki yana hadda, ya gayyato 'yan unguwarsu silima, ashe an yanke wurin. Daga baya ya koma tuƙin bas har ya yi ritaya. In ya ba da labarin nan dariya yake yi, amma ranar ba ya cin abincin kirki.

Laraba ta ce yanzu baƙaƙe ne jarumai, sunansu ake fara rubutawa, su ake kawo wa shayi. Nakan tambayi kaina me zai ce da ya ga haka. Ina jin zai yi murna, don ba shi da ƙyashi. Amma ban san yadda zai ji ba in ya ga yaran benen nan suna kallon fim a waya, suna ture wurin da ba a faɗa da yatsa ɗaya. A irin wuraren da ake turewa ya ƙarar da ƙuruciyarsa.

Akwai ɗabi'arsa guda. Ba ya shiga ɗaki sai ya yi gyaran murya a bakin ƙofa, sau biyu, na farko ƙasa-ƙasa, na biyu da ɗan ƙarfi. Na ɗauka wurin mazanmu na coci ya koya. Da na faɗa masa, sai ya girgiza kai ya ce saboda mahaifiyarsa ne. Idonta ya yi rauni, kuma a garinsu na kudancin Amurka, can sama ta baya ake zaunar da baƙaƙe a silima. Takan biya kuɗi ta zauna har a tashi ba ta san ɗanta ya wuce ba. Tunda an hana shi magana, sai ya riƙa gyaran murya kafin ya shigo da farantinsa. Masu fim suka ɗauka ladabin bara ne, suka bar shi. Ita kuwa sai ta zunguri na kusa da ita ta ce, "Nawa ne wancan."

Na ji labarin a lokacin, na ce Allah sarki, na ci gaba da yankan albasa.

Yanzu likita ya ce jijiyar idona ce ke mutuwa, ba yanar ido ba ce da za a cire. Ban ji tsoron duhu ba kamar yadda na ji tsoron rasa shi karo na biyu. Ba mu haihu ba. Kabarinsa yana can unguwar Queens da nisa, ban iya zuwa ni kaɗai. Hotonsa na bango ya zame mini inuwa. An ce sabo ake wa kuka, to ni da fuskar nan na saba, ga ta tana narkewa ina kallo.

Ranar da ya cika shekarun nan da rasuwa, Laraba ta zo ta sa mini fim ɗin jirgin ƙasan. Na matso har hancina ya kusa taɓa gilashi, ban ga komai ba sai toka-toka tana motsi. Na ce ta kashe. Ta ce, "Yaya Talatu, ki ɗan yi haƙuri." Turawa suna ta surutunsu, ni ina share hawaye da bakin zani. Sai na ji shi. Na farko ƙasa-ƙasa, na biyu da ɗan ƙarfi. Wallahi sai da na gyara ɗankwalina.

Mutane na cewa gani ya kori ji. Ban musa ba, amma wanda ya faɗi haka idonsa garau yake. Mijina bai bar suna ba, bai bar ɗa ba, ba a ba shi kujera ba. Abin da ya bari shi ne 'yar sallamar da ya ɓoye wa uwarsa a gaban mutanen da ba su san me yake yi ba, ta jira shekaru har ta iske ni.

Laraba ta tambaye ni ko ta nuna mini inda yake tsaye. Na ce ta bar shi. Na zungure ta da gwiwar hannu na ce, nawa ne wancan.